Faɗuwar manya ce ta ba Alice D'Amato zinare a Paris?

Tambaya: Malam, barka da war haka. Ni ɗan kallon ƙwallo ne, jimnastik kuwa ban san kansa ba. Na ci karo da wani bidiyo na gasar Olamfik ta Paris, inda Simone Biles da ake ta yi wa kirari ta faɗo daga kan wani siririn katako, sai wata yarinya 'yar Italiya da ban taɓa jin sunanta ba ta ɗauke zinaren. Wace ce ita? Kuma fisabilillahi, ba faɗuwar manya ce ta ba ta ba? Ni dai a ganina tsuntsu ne daga sama gasasshe.

Amsa: Barka kadai, ɗan'uwa. Sunanta Alice D'Amato, kodayake a bakin 'yan ƙasarta "Aliche" za ka ji. An haife ta ranar 7 ga Fabrairun 2003 a Genoa, birnin tashar jiragen ruwa da ke arewa maso yammacin Italiya, don haka ranar da ka gani a bidiyon, wato 5 ga Agustan 2024, shekarunta 21. Maganarka ba ta rasa ƙamshin gaskiya ba, kuma zan nuna maka inda gaskiyar take da alƙaluma, ba zan rufe maka ba. Amma batun tsuntsu gasasshe ya yi mata tsauri. Mutumin da ya yi shekara goma sha wani abu yana ɗana tarko a wuri ɗaya, ranar da tsuntsu ya faɗa ciki ba a cewa ya yi tsintuwa.

Bari mu fara da katakon kansa, don talabijin tana yaudarar ido. Ka ɗauki wayarka ta hannu ka duba faɗinta, ka ƙara yatsu biyu. Faɗin katakon ke nan, santimita 10. Tsawonsa mita 5, tsayinsa daga ƙasa santimita 125, wato ya kai ƙirjin babban mutum. A kan wannan ɗan siririn abu 'yar wasa za ta yi juyi a kan ƙafa ɗaya, ta yi tsalle ta ware ƙafafu har su miƙe ɗoɗar, ta jera alkafura biyu ko uku ba tare da ta tsaya ba, sannan ta diro ƙasa da wata alkafurar, duka cikin abin da bai wuce daƙiƙa 90 ba. In ta faɗo, an zaftare maki ɗaya cur, kuma daƙiƙa 10 kacal take da su ta sake hawa.

Na daɗe ina koyar da yara wannan wasa, kuma yadda muke farawa shi ne mu ja layi da alli a daɓe. In yarinya ta iya a kan layi, sai mu kwantar da katako a ƙasa. In ta iya, sai mu ɗaga shi kaɗan-kaɗan. Faɗin bai canza ba ko da gashin kai, amma da zarar katakon ya kai ƙugu, ƙafar da ta san hanya sai ta manta. Ina da wata ɗaliba da ba na mantawa da ita. A atisaye sai ta maimaita abinta sau goma ba ta ko girgiza ba. Ranar da aka tara baƙi aka jera kujeru, tana hawa na hango yatsun ƙafarta sun damƙe katako kamar na kaza a kan reshe, kafaɗunta sun hau har kunne. Ba alkafura ce ta kayar da ita ba, a wajen juyi mafi sauƙi ta zame. Tun daga ranar na daina ɗaukar rashin faɗuwa a matsayin ƙaramin abu. A wannan katako, zama a kai ranar da ake kallo shi ne rabin gwanintar.

Sai kuma yadda ake ba da maki. Mutane da yawa har yau suna tunanin maki 10 ne ƙololuwa, saboda labarin Nadia Comaneci a Montreal a 1976. An bar wannan tsari tun 2006. Yanzu maki biyu ake haɗawa. Na farko makin wahala ne: ana ƙirga motsi takwas mafiya tsada da 'yar wasa ta yi, kowanne da farashinsa daga 0.1 zuwa sama, a ƙara mata ladan cika wasu sharuɗɗa huɗu, da ladan haɗa motsi da motsi ba tare da ta dakata ba. Wannan makin ba shi da rufi. Na biyu makin tsafta ne, wanda yake farawa daga 10, alƙalai suna ta yankewa: ɗan tangaɗi 0.1, babban tangaɗi ko babban taku wajen dira 0.3, riƙe katako da hannu don kada a faɗi 0.5, faɗuwa 1.0. Saboda haka kowace 'yar wasa da kocinta ciniki suke yi tun kafin a bar gida. Ko ki labta wa jakinki kaya da yawa, in ya kai kasuwa ki fi kowa riba, ko ki ɗora masa abin da kika tabbata zai kai.

To, ga abin da ya faru a zauren Bercy, inda aka yi wasannin jimnastik a Paris. Mutum takwas ne a zagayen ƙarshe. Zhou Yaqin ta ƙasar Sin, 'yar shekara 18, ita ta fara. Kayanta ya fi na kowa nauyi, makin wahala 6.6, amma ta yi tangaɗi har ta sunkuya ta dafa katako, makin tsaftarta ya sauko 7.5, jimilla 14.100. Sunisa Lee ta Amurka ta faɗo. Julia Soares ta Brazil ta faɗo. Sabrina Maneca-Voinea ta Romaniya ta faɗo har sau biyu. Manila Esposito, ita ma 'yar Italiya, ta tsaya a kai ta samu 14.000. Da Alice ta hau, makin wahalarta 5.8 ne kawai, amma ta kwashi 8.566 a tsafta, jimilla 14.366. Saura mutum biyu, kuma su ne manyan da ake tsoro. Biles ta zame a ƙarshen jerin alkafurarta ta baya, ta tashi da 13.100. Rebeca Andrade ta Brazil ta rufe fage da 13.933.

Ga inda gaskiyarka take. A zagayen share fage, kwana takwas kafin nan, Zhou ta samu 14.866, Biles 14.733, Andrade 14.500. Kowanne daga cikin ukun nan ya fi 14.366. Da sun maimaita abin da suka yi ranar, da Alice ta huɗu za ta zo, ko tagulla ba za ta gani ba. Duk wanda ya ce maka ita ce ta fi kowa a duniya iya wannan katako, ya ƙara gishiri. Ba ma shi ne wasan da aka san ta da shi ba.

Amma ka duba abu biyu. Na ɗaya, makin share fage ba ya bin mutum zuwa zagayen ƙarshe, kowa daga sifili yake farawa, sau ɗaya kuma ake hawa. Kai da ka san ƙwallo, in aka je bugun fenariti gwarzon duniya ya ɗirka ta sama, wani matashi ya kwantar da hankali ya saka tasa a kusurwa, ba ka cewa matashin tsintuwa ya yi. Matsin da ya kayar da wancan shi ma yana kansa. Alice ta hau katakon ne bayan ta ga mutane suna zubowa a gabanta, a zauren da ya yi tsit, har Biles da Lee suka koka daga baya cewa shirun ya yi yawa, 'yan kallo suna ta hana masu ƙarfafa musu gwiwa yin magana. Na biyu, kuma wannan ya fi muhimmanci a wurina: Andrade ba ta faɗo ba. Ta hau ta sauka lafiya, amma ko tagulla ba ta samu ba, domin 'yan dakatawa nan da can sun cinye mata ladan haɗa motsi. Ashe zama a kan katako kaɗai bai isa ba. Makin tsafta 8.566 a wannan wasa, a zagayen ƙarshe na Olamfik, a gaban alƙalan da ba su da sassauci, babban maki ne, kuma babu wadda ta kai shi a ranar.

Yanzu bari in koma kan wace ce ita, don a nan ne za ka gane dalilin da ya sa ƙafarta ba ta yi rawa ba.

Tagwaye ne. 'Yar'uwarta Asia ita ma 'yar jimnastik ce ta ƙasa, kuma kamanninsu ya kai in ba ka saba ba, sai lambar da ke bayan riga ce za ta raba maka gardama. A Genoa suka fara, amma tun suna ƙanana suka bar gaban iyaye suka koma Brescia, wani gari a yankin Lombardiya, tafiyar sa'o'i a mota. Abin da ya kai su shi ne kulob ɗin Brixia, wanda aka raɗa wa tsohon sunan garin na zamanin Rumawa, da kocinsa Enrico Casella, mutumin da injiniya ya karanta amma ya ƙare a zauren atisaye, ya kuma daɗe yana jagorantar tawagar matan ƙasar.

Sunan Brixia kuwa Vanessa Ferrari ce ta fito da shi. A 2006, a Aarhus ta ƙasar Denmark, tana 'yar shekara 15, ta zama mace ta farko daga Italiya da ta lashe gasar duniya ta haɗaka, wato wadda ake tara makin wasanni huɗun duka: tsallake teburi, lilo a sanduna biyu masu hawa-hawa, katako, da wasan daɓe. Abin dariyar shi ne a ranar ta faɗo daga kan katako, amma duk da haka ta ci, domin shekarar ce aka fara sabon tsarin maki, kayanta kuma sun fi na kowa nauyi. An yi ta ce-ce-ku-ce, masu son tsohon tsari suna cewa ta yaya mai faɗuwa za ta zama zakara. Ka ga bayan shekara 18 sai ga 'yar gidansu ta ci zinare ta ɗaya hanyar, ana kuma cewa ai don wasu sun faɗi ne. Bakin mutane dai ba ya rasa abin faɗa. Ita Ferrari a Olamfik ta sha ɗaci: ta huɗu a wasan daɓe a Landan a 2012, inda makinta ya zo daidai da na Aliya Mustafina ta Rasha amma ƙa'idar raba gardama ta hana ta tagulla, sannan ta huɗu kuma a Rio a 2016. Sai a Tokyo, tana da shekara 30, ta samu azurfa. Wannan ita ce yayar da su Alice suka taso suna gani kullum a zaure ɗaya.

A cikin 'yan 2003 ɗin nan, Alice ba ita ce tauraruwa ba. A gasar matasa ta Turai a Glasgow a 2018, Italiya ta ci zinaren tawaga, amma sunan da ke bakin kowa Giorgia Villa ne, wadda ta lashe haɗaka a can, ta sake lashewa a Olamfik ta matasa a Buenos Aires a shekarar. Asia ta ci zinaren tsallake teburi. Alice tana cikin tawaga, shi ke nan.

A 2019 suka cika shekara 16, shekarun da doka ta yarda a shiga sahun manya. A watan Afrilu, a Szczecin ta ƙasar Poland, Alice ta ci tagulla a sanduna, kuma ita ce mace ta farko daga Italiya da ta taɓa samun lamba a wannan wasa a gasar Turai. Daga nan aka san ta da sanduna: jikinta a miƙe, yatsun ƙafa a tsuke, tsayuwar hannunta a kan sanda tana kaiwa daidai inda alƙali ba shi da abin yankewa. A watan Oktoba, a Stuttgart ta Jamus, tawagar Italiya ta tsallake ƙasar Sin ta ci tagullar duniya bayan Amurka da Rasha. Rabon matan Italiya da lambar tawaga a gasar duniya tun 1950. Huɗu daga cikin biyar ɗin 'yan shekara 16 ne. 'Yan jaridar ƙasar suna kiran tawagar "Fate", wato irin kyawawan aljanun nan na tatsuniyar Turawa, ba namu masu ban tsoro ba.

Sai Tokyo, wadda annobar korona ta ɗage zuwa 2021. Villa ta ji rauni dab da tafiya. Alice, Asia, Ferrari da Martina Maggio suka tashi da 163.638, Birtaniya ta samu 164.096 ta ɗauke tagulla. Tazarar 0.458 ce, a cikin wasanni goma sha biyu. Manyan taku biyu wajen dira sun fi wannan. Wanda bai taɓa zuwa na huɗu ba ba zai gane ba: na biyar yakan tafi gida da sauƙin zuciya, na huɗu kuwa sai ya yi shekaru yana lissafin wane taku ne ya cinye shi.

Shekarar 2022 ta Asia ce. Tawagar ta ci zinare a wasannin ƙasashen Bahar Rum a Oran ta Aljeriya, sannan a Munich, a watan Agusta, ta ci zinaren Turai, Asia kuma ta zama zakarar haɗaka ta nahiyar. Alice ta samu azurfa a sanduna bayan Elisabeth Seitz ta Jamus. Amma a gasar nan, wajen dirowa daga tsallake teburi, Asia ta ji mummunan rauni a idon sawu. Bayan 'yan makonni mahaifinsu ya rasu. Asia ta warke ta dawo, sai a 2023, a wata gasa a Alƙahira, jijiyar gwiwarta ta tsinke, irin raunin nan da kake ji yana ajiye ɗan ƙwallo kaka guda. Ta sake jinya, ta sake dawowa, a Mayun 2024 kuma, a gasar Turai da aka yi a gida a Rimini, gwiwar ta sake tafiya. Saura ƙasa da wata uku a je Paris. Haka Alice ta tafi Olamfik ba tare da wadda suke tare tun daga ciki ba.

A tsakanin nan ita kuwa tana ta hawa a hankali, ba tare da hayaniya ba. A Antalya ta Turkiyya a 2023 ta ci zinaren Turai a sanduna, da tagulla a haɗaka. A gasar duniya ta Antwerp a shekarar ta zo ta biyar a haɗaka, kuma wannan ne ya kamata ya farkar da masu kallo, domin ba a zuwa ta biyar a duniya in katakonki ba shi da kyau. A Rimini ta sake cin zinaren sanduna, tawaga ta ci zinare, amma a haɗaka sai ga wata ƙanwa ta sha gabanta: Manila Esposito, haifaffiyar yankin Napoli, 'yar shekara 17, wadda ta kwashe haɗaka da katako da daɓe. Da Villa ce, sai Asia, yanzu Manila. Kullum dai akwai wata 'yar gida da ke gabanta a hoto.

A Paris, ranar 30 ga Yuli, aka yi gasar tawaga. Tsarin ba shi da tausayi: mutum uku ke yin kowane wasa, kuma makin ukun duka ake ƙirgawa, babu wanda ake jefarwa. Villa da Elisa Iorio a sanduna kaɗai aka sa su, don haka nauyin ya koma kan Alice, Manila da Angela Andreoli, Alice kuma ta yi wasanni huɗun gaba ɗaya. Amurka ta yi gaba da 171.296, Italiya ta samu 165.494, Brazil 164.497. Tazarar da ke tsakanin azurfa da tagulla ba ta kai maki ɗaya ba, wato faɗuwa guda da ta sauya lissafi. Rabon matan Italiya da lambar tawaga a Olamfik tun Amsterdam a 1928, lokacin da wasu 'yan mata ƙanana daga garin Pavia suka ci azurfa. Shekara 96 ke nan.

Bayan kwana biyu, a haɗaka, Biles ta ci, Andrade ta biyo, Lee ta samu 56.465, Alice 56.333. Ta huɗu kuma, da tazarar 0.132, abin da bai fi ɗan tangaɗi ɗaya da ɗoriya ba. Ranar 4 ga Agusta aka yi sanduna, wasan da ta fi iyawa, wanda take riƙe da kambunsa na Turai shekara biyu a jere. Ta yi abinta tsaf ta samu 14.733, ta zo ta biyar, tagulla kuma a 14.800 aka ɗauke ta. A nan ne Kaylia Nemour ta Aljeriya ta ci zinare da 15.700, lambar Olamfik ta farko da wata ƙasar Afirka ta taɓa samu a jimnastik, kuma in kana neman bidiyon da za ka kalla bayan wannan, shi nake ba ka shawara. Ita dai Alice, damarta biyu da kowa ya sa wa ido sun wuce a cikin kwana huɗu. Washegari ta hau katakon da babu wanda ya lissafa ta a kai. Hawanta na goma sha huɗu ke nan a gaban alƙalai cikin kwana tara, da jikin da ya gaji da zuciyar da aka ƙwace wa lamba sau biyu da ƙyar. Ni a wurina wannan ne ma'aunin, ya fi batun wa ya faɗi.

Akwai kuma abin da ba ya fitowa a bidiyo. Italiya ba ta da tarin 'yan wasa irin na Amurka ko Sin. Abin da ta yi shi ne ta tara 'yan kaɗan ɗin da take da su a wuri ɗaya, ƙarƙashin koci ɗaya da mataimakansa irin su Marco Campodonico da Monica Bergamelli, suna atisaye tare safe da yamma shekara da shekaru, har kowace ta san numfashin 'yar'uwarta. Sannan akwai batun abinci. Manyan 'yan wasan ƙasar galibi rundunonin tsaro ne ke ɗaukarsu aiki. Alice tana ƙungiyar wasanni ta 'yan sanda da ake kira Fiamme Oro, Ferrari kuma ta soja ce. Albashi yana shigowa duk wata ko an ci ko ba a ci ba, ko ana jinya. Mu ma mun san irin wannan, don Chioma Ajunwa da ta ci wa Najeriya zinaren dogon tsalle a Atlanta a 1996 'yar sanda ce. Wannan albashi shi ne ke sa yarinya ta iya zama a wasan har ta wuce shekara ashirin, maimakon ta bari tana sha takwas. Da an yi wa Alice hukunci da abin da ta yi tana 'yar sha takwas, da labarinta ya tsaya a "ta huɗu a Tokyo". Kwamitin Olamfik na ƙasar kuma ya ware Yuro 180,000 ga duk wanda ya ci zinare a Paris.

Ba zan yi maka kwalliyar tsarin fiye da kima ba. Raba yara da iyayensu tun ba su mallaki hankalin kansu ba abu ne mai nauyi, kuma a kan kowace Alice akwai wasu da gwiwa ko baya ya ajiye su ba a taɓa jin sunansu ba. Gwiwar Asia kaɗai ta isa misali. A 2022 ma wasu tsofaffin 'yan wasan Italiya na ɗaya reshen jimnastik, wanda ake yi da ƙwallo da zobe da ƙyalle, sun fito sun yi zargin cewa an riƙa matsa musu a kan nauyin jiki da cin abinci, abin da ya girgiza hukumar wasan ƙasar. Reshe ne daban da na su Alice, amma duk mai koyar da yara wannan wasa, ni ma a ciki, ya kamata ya ji maganar a jikinsa.

In ka koma kan bidiyon, ka daina kallon fuska, ka kalli ƙugu da hannaye. 'Yar wasan da ke cikin damuwa, duk lokacin da ta dira a kan katako za ka ga hannu ɗaya ya ɗan fita neman iska, ko ƙugu ya karkace ta gyara da sauri kamar ba a gani ba. Alƙalai suna gani, kuma kowanne 0.1 ne. Ka ƙirga irin wannan a wasan Alice, ka ƙirga a na sauran. Ka kuma lura da abin da ke tsakanin motsi da motsi, ko tana wucewa kai tsaye ko tana ɗan tsayawa ta haɗiye yawu. Sannan ka bar bidiyon ya kai wajen ba da lambobi. Tutar Italiya biyu ce a cikin ukun da aka ɗaga. Alice ce mace ta farko daga ƙasar da ta ci zinaren Olamfik a wannan wasa, kuma rabon Italiya da zinaren jimnastik tun na Igor Cassina a Athens a 2004. Za ka ga ita da Manila sun ciji lambobinsu don masu ɗaukar hoto, Zhou ta waiga ta gan su, ta yi sauri ta kai tata azurfar baki ita ma. Ko hutawa Alice ba ta samu ba, domin a ranar aka yi zagayen ƙarshe na wasan daɓe, ta sake fitowa karo na goma sha biyar. Andrade ce ta ci wannan, ita kuma ta zo ta shida.